Mai Riwayar Ƙere-ƙere: Lacca a Kan James Burke da Sana'ar Rubuta Shirye-shiryen Kimiyya da Tarihi



Dukkan yabo da godiya sun tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki, wanda ya ɗaukaka ɗan Adam da hankali, ya hore masa harshe da alƙalami domin abin da na farko ya sani ya riski na baya. Tsira da aminci su ƙara tabbata ga fiyayyen halitta, Annabi Muhammadu, da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, ya shugaban wannan zama, Allah ya ƙara maka lafiya; shehunan malamai, Allah ya gafarta muku; iyayena da yayyena da ke sahun gaba; ma'aikatan gidajen rediyo da talabijin; 'yan'uwana marubuta; da ku ɗalibai maza da mata, waɗanda saboda ku aka shimfiɗa wannan majalisi: ina yi muku barka da zuwa, ina kuma gode wa waɗanda suka shirya taron nan, da suka kyautata mini zato har suka ba ni wannan dama.

Maudu'in da aka ɗora mini shi ne sana'ar mutumin da ke rubuta shirye-shiryen talabijin na kimiyya da tarihi, wato irin finafinan nan na ilmantarwa waɗanda babu wasan kwaikwayo a cikinsu, sai bayanin abin da ya auku da dalilin aukuwarsa. Dattawan da ke nan za su tuna zamanin majigi, lokacin da mota kan iso dandali da magariba, a kafa farin ƙyalle, a nuna wa jama'a sha'anin tsafta ko noma, wani yana fassarawa da lasifika. To, jikan wannan majigin ne za mu tattauna a kansa yau. Kuma da yake ba a gane sana'a sai a hannun mai ita, na zaɓi mutum guda, Bature ɗan Birtaniya mai suna James Burke, domin mu bi rayuwar aikinsa, mu ga abin koyi da abin gyara. Na kasa maganar kashi bakwai.

Na farko: asalinsa da karatunsa

An haifi James Burke a shekarar 1936 a birnin Derry na Ireland ta Arewa, ya yi makaranta a kudancin Ingila, ya ɗan taɓa aikin sojan sama, sa'an nan ya shiga Jami'ar Oxford. To, me kuke tsammani ya karanta, shi da duniya ta sani da bayanin roka da kwamfuta? Bai karanta lissafi ba, bai karanta ilmin sinadarai ba. Tsohon Ingilishi na ƙarnonin tsakiya ya karanta, harshen da Bature na yau ba ya fahimta sosai sai da sharhi. Da ya gama sai ya tafi Italiya, ya koyar da Ingilishi a Bolonya da Urbino da Roma, har harshen ƙasar ya zauna a bakinsa. Ta nan ne kuwa ƙofa ta buɗe masa, domin kamfanin talabijin na Granada ya tashi yin shiri a kan 'yan ta'addan Mafiya na Sisili, ya bukaci mai jin Italiyanci, aka ɗauke shi. A shekarar 1966 ya koma Landan, ya shiga sashen kimiyya na BBC.

Ɗalibai, ku saurara da kyau a nan. Sau da yawa yaron da ya karanta harshe ko adabi yakan ɗauka an rufe masa ƙofar kimiyya har abada, wanda ya karanta kimiyya kuma ya ɗauka rubutu aikin wasu ne. Rayuwar wannan mutum hujja ce a kan ɓacin wannan zato. Wanda ya saba da warware tsohon matani, ya san yadda ake bin kalma har gidan ubanta, ya kuma yi shekaru yana koyar da baƙon harshe ga waɗanda ba su ji, ya riga ya mallaki rabin kayan aikin: haƙurin bincike, da sanin inda mai sauraro ke ɓacewa. Sauran rabin kuwa muɗala'a ce da tambayar masana, kuma ba a hana kowa su ba.

Na biyu: makarantar da ta horar da shi

BBC ta sa shi cikin masu gabatar da Tomorrow's World, shirin mako-mako mai nuna sababbin ƙere-ƙere, ya zauna a ciki har 1971. Amma babbar jarrabawarsa ita ce tafiye-tafiyen Apollo, lokacin da Amurka ta aika mutane duniyar wata. Shi ne ya zama babban mai bayani na BBC a kan wannan al'amari, tare da masanin taurari Patrick Moore, a daren saukar Apollo 11 cikin watan Yuli na 1969, da kuma kwanakin fargaba na Afrilun 1970, sa'ad da tankin iskar shaƙa ya fashe a kumbon Apollo 13, mutum uku suka dawo gida da ƙyar.

Ku auna nauyin wannan aiki. Injiniyoyin hukumar NASA suna magana da harshensu na lambobi da gajerun sunaye, miliyoyin mutane kuma suna zaune a gida, ciki har da yaro da tsohuwa, suna jiran a gaya musu ko mutanen nan za su rayu; shi kuwa mai bayani yana tsaye a tsakani, ba shi da damar cewa a dakata ya duba littafi, ba shi kuma da izinin faɗin abin da ba haka ba. Dole ya karance takardun tafiyar tun kafin a tashi, ya fahimce su fahimtar da za ta ba shi ikon taƙaita shafi goma cikin jimla biyu ba tare da ya ɓata ma'ana ba. Ashe ba wannan ne ma'aunin ilmi a wurin malamanmu ba, cewa sai mutum ya iya fassara wa almajiri ɗan farko kafin a yarda ya ƙoshi da littafi? Daga 1972 zuwa 1976 aka ba shi shirin kansa, The Burke Special, inda ya ci gaba da gwada hanyoyin jawo hankalin talaka ga kimiyya. Shekara goma sha biyu ke nan yana koyo a bainar jama'a kafin babban aikinsa ya fito.

Na uku: babban aikinsa da hanyar silsila

Kafin shi, BBC ta riga ta fitar da manyan shirye-shirye biyu masu kashi 13 kowanne: Civilisation na Kenneth Clark a 1969, a kan fasahar Turai, da The Ascent of Man na Jacob Bronowski a 1973, a kan tarihin kimiyya. Dukkansu sun bi zamani bayan zamani, gwani bayan gwani. Burke, tare da mai shiryawa Mick Jackson, ya ɗauki wata hanya daban a shirinsa Connections, mai kashi 10, wanda aka fara nunawa a 1978, aka kuma nuna shi a Amurka a 1979.

Ya buɗe da ɗaukewar wutar lantarki ta ranar 9 ga Nuwamba, 1965, wadda ta faro daga wata 'yar na'urar kariya a tashar wuta ta kusa da Niagara a Kanada, ta jefa mutum kusan miliyan 30 cikin duhu, har da birnin New York, inda dubban ɗaruruwa suka maƙale cikin jiragen ƙarƙashin ƙasa. Tambayarsa ita ce: idan wannan duhu ya ƙi yayewa, wa ya san yadda zai ci da kansa? Daga nan ya mai da mai kallo gaban garma a tsohuwar Masar, ya nuna cewa daga rarar hatsi aka sami rumbu, daga rumbu aka sami lissafi da rubutu da magina da hukuma.

Bari in ba ku silsila guda daga cikin shirin, domin ku ɗanɗana. Annoba ta faɗa wa Turai daga 1347, ta kashe kamar sulusin jama'a; waɗanda suka saura suka gaji dukiyar matattu, suka shiga sayen tufafi, har da na lilin; tufafi suka tsufa, tsummoki suka yawaita; da tsumma kuwa ake yin takarda, sai takarda ta yi araha a kan fatar da ake rubutu a kai da. Takarda ta samu, magatakarda sun yi ƙaranci, sai bukata ta kira injin ɗab'i, Gutenberg ya amsa wajen 1450. Littattafai suka yaɗa ilmin na'urori masu sarrafa kansu, masaƙan siliki na Faransa suka ari dabarar, har Jacquard ya kammala masaƙa wadda kati mai huji-huji ke gaya mata zanen da za ta saƙa, a farkon ƙarni na 19. Can a Amurka kuma ƙidayar jama'a ta 1880 ta ci kusan shekara 8 ana tattarawa, sai Herman Hollerith ya ɗauki katin nan mai huji ya ƙirga mutane da shi a 1890, kamfaninsa kuma yana cikin waɗanda suka haɗu suka zama IBM. Ga annoba a wancan bakin, ga kwamfuta a wannan.

Allah ya gafarta malamai, wannan hanya ba baƙuwa ba ce a gare ku. Malaman hadisi ba su karɓar matani sai sun ji isnadinsa, wane daga wane daga wane. Abin da Burke ya yi shi ne ya nema wa ƙere-ƙere isnadi, ya nuna cewa babu na'urar da ta faɗo daga sama marainiya, kuma cikin masu riwayarta akwai masaƙi da ɗan kasuwa da soja da mara lafiya, waɗanda ba su san junansu ba, ba su kuma san inda aikinsu zai ƙare ba. A nan ne fa'idar sana'ar take a ganina: mai kallo yakan tashi ya daina ɗaukar kimiyya sihirin wasu mutane, ya gane aikin 'yan Adam ce irinsa, bisa sababai da Allah ya tsara.

Na huɗu: rubutu domin ido da kunne

Jama'a da yawa suna zaton mai gabatar da irin wannan shiri yana tsayawa ne gaban kyamara ya yi ta zuba abin da ya zo bakinsa. Sam ba haka ba ne. Kafin a ɗauki hoto ko ɗaya, an yi watanni ana muɗala'a, ana rubuta wa masana, ana neman wuraren da abin ya auku. Sa'an nan a zauna a rubuta matani, wanda kowane layi nasa yake da abokin tafiya na hoto. Marubucin littafi yana da sauƙi guda, cewa mai karatu zai iya komawa baya in ya ɓace. Marubucin talabijin kuwa ba shi da wannan, domin jimla in ta wuce ta wuce, kuma minti hamsin kaɗai aka ba shi ya ratsa ƙarni bakwai. Saboda haka wajibi ne ya san abin da hoto zai faɗa ya yi shiru a kai, ya san abin da hoto ba zai iya faɗa ba ya ɗauke masa, ya fara jimla a wata ƙasa ya ƙarasa ta a wata, alhali tsakanin ɗaukar rabin farko da na biyu akwai watanni.

Misalin da ya fi shahara yana cikin kashi na takwas. Silsilar ta ratsa matsalar ciyar da rundunonin yaƙi, ta biyo ta kan Nicolas Appert, wanda ya gano adana abinci cikin kwalabe a zamanin Napoleon, ta kan likita John Gorrie na Florida, mai neman sanyaya ɗakin masu zazzaɓi, ta kan Carl von Linde da injin sanyinsa a Jamus, har ta iso ga James Dewar, wanda a 1892 ya ƙera kwalba mai bango biyu domin ajiye iskar da aka sanyaya ta zama ruwa, wato kakan filas ɗin shayin da ke gidajenku. A ƙarshen shirin sai ga Burke tsaye a Cape Canaveral ranar 20 ga Agusta, 1977, yana bayanin abin da ke faruwa idan aka haɗa irin waɗannan iskoki biyu aka kunna musu wuta. Yana rufe baki ya juya ya nuna da hannu, a daidai wannan daƙiƙa roka ta tashi a bayansa, ɗauke da kumbon Voyager 2. Babu damar maimaitawa, domin roka ba ta tashi sau biyu. Me ya ba shi wannan dacewa? Ya auna tsawon kalmominsa da agogo, ya daidaita su da ƙirgen tashin rokar, ya maimaita har suka zauna. Abin da mai kallo ya gani kamar sa'a, alƙalami ne ya shirya shi tun a kan tebur.

Na biyar: amana da iyakar wannan hanya

Yabon gwani ya zama dole, amma majalisin ilmi ba wurin yabo kaɗai ba ne. Hanyar silsila tana da hatsari, kuma masana tarihi sun faɗe shi: kowane abu da ya auku yana da sababai masu yawa, marubuci kuwa guda yake zaɓa, sau da yawa wanda ya fi ban mamaki, sai mai kallo ya ɗauka shi kaɗai ne. A silsilar takarda da na kawo muku, alal misali, wanda ya tsaya a kan tsummokin Turai kawai ya tsallake masu riwaya da dama, domin a Sin aka ƙago takarda, ta shigo Samarƙandu a ƙarni na 8, aka kafa masana'antarta a Bagadaza kafin ƙarnin ya ƙare, ta bi ta Andalus kafin Turawa su iya ta. Hatta hoton rokar nan, wutar da ido ya gani a lokacin tashi ta busasshen makamashi ce da ke cikin manyan bututu biyu na gefe. Ruwan iskokin da yake bayani yana can a sashen sama, sai an yi nisa yake kamawa. Maganarsa ba ƙarya ba ce, amma hoton ya faɗi fiye da abin da ya tabbata.

To, ina mafita? Mafita ita ce marubuci ya riƙi ladabin malaman riwaya: ya bambanta abin da ya tabbata da abin da aka rinjayar da abin da shi ya yi ƙiyasi, ya kuma bayyana wa mai kallo matsayin kowanne, ko da da kalma ɗaya ce. Ɓoye raunin isnadi domin labari ya yi daɗi shi ne malamai ke kira tadlisi, kuma laifinsa a talabijin ya fi na littafi girma, saboda littafi dubbai ke karanta shi, suna iya duba hashiya, shiri kuwa miliyoyi ke kallo, mafi yawansu kuma ba za su sake jin wata riwayar ba har su mutu.

Adalci kuma ya wajabta in faɗi cewa Burke bai ɓoye bashin da ake bin Turai ba. A wani kashi na Connections ya kawo labarin rashin lafiyar Halifa Mansur, mai gina Bagadaza, da likitocin Jundisabur da aka kirawo masa, da littattafan Yunanawa da aka shiga fassarawa zuwa Larabci. A shirinsa na biyu mai girma, The Day the Universe Changed, na 1985, shi ma kashi 10, ya tsaya a kan faɗuwar birnin Ɗulaiɗila, wato Toledo, a 1085, da yadda ɗakunan littattafan Musulmin Andalus suka farkar da makarantun Turai. Sai dai a ƙarshen wannan shiri ya karkata ga ra'ayin cewa abin da kowace al'umma ke kira gaskiya ya danganta ne da tsarin tunaninta, kuma wannan magana ce da muke da ja a kanta. Muna karɓar sana'ar mutum mu auna falsafarsa da namu ma'auni.

Na shida: dogon zango

Sana'ar nan ba ta gudun gajeren zango ba ce. A 1989 ya rubuta After the Warming, inda ya yi kamar yana magana daga shekarar 2050 yana waiwayen ɗumamar yanayi, tun batun bai cika bakin jama'a ba. Connections ya sake dawowa a 1994 da 1997. Ya yi shekaru yana da fili a mujallar Scientific American, ya wallafa littattafai da dama, ya kuma duƙufa a kan wani shiri na intanet da zai bar ɗalibi ya bi silsilar ilmi da kansa. A 2023, yana da shekara 86, ya sake fitowa da sabon Connections mai kashi 6. Gidajen talabijin sun sauya, kuɗin manyan shirye-shirye ya ragu, hanyar kallo ta koma waya, amma shi tambaya ɗaya ya riƙe fiye da shekara arba'in: daga ina wannan abu ya fito, wa kuma ya miƙa wa wa? Darasin da ke nan ga matasa shi ne, na'ura za ta tsufa a hannunku sau da yawa, abin da ba ya tsufa shi ne tambaya mai kyau da iya rubutu.

Na bakwai: mu fa?

In aka ɗebe Masar, Afirka ba ta da wani babban gurbi a silsilolin Burke. Wasu sun cike wani ɓangare na wannan giɓi ta fuskar tarihi: Basil Davidson ya fitar da Africa a 1984, kashi 8, ya shigo har Kano da kyamararsa, Farfesa Ali Mazrui, ɗan Mombasa, wanda ya yi aiki da Jami'ar Jos, ya fitar da The Africans a 1986, kashi 9, kuma gidan talabijin na ƙasa, NTA, yana da hannu a duka biyun. Amma tarihin kimiyya da sana'a na ƙasar Hausa, da harshen Hausa, wa zai rubuta mana shi? Ko kuwa ba mu da silsilar da ta isa a ba da labari?

Ku ba ni minti biyu in gwada. Gyaɗa 'yar asalin Amurka ta Kudu ce, jiragen Fotugal suka kawo ta gaɓar Afirka, ta yi ta tafiya hannu da hannu har ta zama abin ƙuli-ƙuli a gidajenmu. A Faransa, Sarki Napoleon na Uku ya nemi abin da zai maye gurbin man shanu mai tsada domin soja da talaka, sai Hippolyte Mège-Mouriès ya ƙago majarin a 1869, da kitsen shanu. A 1902 wani Bajamushe, Wilhelm Normann, ya yi rajistar dabarar daskarar da man tsirrai, sai masana'antun majarin da sabulu na Turai suka shiga neman mai ido rufe. A wannan shekarar kuma masu masaƙun Ingila suka kafa ƙungiyar haɓaka noman auduga, suka sa rai ga ƙasar Hausa, kuma begen audugar nan yana cikin dalilan da suka sa aka ja layin dogo har ya iso Kano a 1911. Jirgi ya zo neman auduga, manomin Kano ya yi nasa lissafin: audugarsa tana da masu saye a gida, masaƙa da marina, gyaɗa kuwa ta fi kuɗi a wurin Bature, tana gyara ƙasa, in kasuwa ta faɗi kuma a ci abinta. Fatake da suka goge a cinikin goro na Gwanja suka shiga ƙauyuka da jarinsu, daga kakar 1912 gyaɗa ta cika tashar jirgi, daga baya Alhassan Ɗantata ya zama jigon cinikin, dalar gyaɗa ta tashi a Kano, har fari da cutar gyaɗa ta 1975 da kuɗin man fetur suka kwantar da ita. Ashe wannan bai isa shirin minti hamsin ba? Kuma jarumin labarin ba sarkin Faransa ba ne, manomi ne da ya iya auna riba.

Irin wannan suna da yawa. Akwai takardar Italiya mai tambarin jinjirin wata uku, wadda ta ƙetaro Sahara malamanmu suka rubuta littattafansu a kanta. Akwai karofin Kano da abin da ya same shi bayan kamfanin BASF na Jamus ya fara sayar da shunin masana'anta a 1897. Akwai Malam Muhammadu al-Kashinawi, Bakatsine masanin hisabi da ilmin hatimi, wanda ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan Shaihu Hasan al-Jabarti. Maƙeranmu da majemanmu da masu haƙar rijiya suna nan da ransu, kowannensu da ilmin da ya karɓa daga ubansa, kuma duk wanda ya rasu ba a ɗauki maganarsa ba, isnadi ya yanke.

Saboda haka ina kira ga gidajen talabijin da rediyo su ware kuɗi da lokaci domin bincike, su daina ɗaukar marubuci a matsayin ɗan rakiya. Ina kira ga jami'o'i su haɗa ɗalibin Hausa da na kimiyya da na aikin jarida a kan aiki guda. Ina roƙon masu shirya finafinai, waɗanda Allah ya hore wa kyamara da gwanintar tace hoto, su ba da zakkar sana'arsu ga ilmi. Ku kuma ɗalibai, kowannenku ya zaɓi abu ɗaya da ke gidansu, ko fatanya ce, ko tukunya, ko allo, ya tambayi wanda ya ƙera shi daga wa ya koya, ya rubuta amsar da sunan mai faɗa da rana da wuri, ya bi ta baya iyakar ƙarfinsa, ya tsaya inda hujja ta tsaya. Daga nan sana'ar take farawa.

Ya shugaba, a nan zan dakata.  Abin da ya dace daga Allah ne. Allah ya amfanar da mu da abin da muka ji, ya mai da kowa gidansa lafiya. Yanzu fili naku ne: duk mai tambaya, ko gyara, ko ƙarin bayani, bismillah, ina saurare.